Ginshiƙai Shida a Bangon Ɗakin Inna

Na san abin da ake gaya muku game da gwaggonku ta Labanan. An ce muku ta ƙi mu ne don mu baƙaƙe ne, wai ta samu dangin ubanta farare ta manta da cikin da ta fito. Na ji wannan magana a gidan suna, na ji ta a zaman makoki, kuma ranar da na ji ta a bakin ɗaya daga cikinku ko tuwo ban iya ci ba. Ƙarya ce tsagwaronta. Ni na je, ni na gan ta, ni na zauna da ita a kan dutse ɗaya, saboda haka ku rabu da masu shaci-faɗi ku saurare ni. Shekara ɗaya nake so ku sani a rayuwata, shekarar da kakarku Inna ta kwanta ciwon ajali. Amma ba za ku gane ta ba sai na fara muku da hoton nan da kuka taso kuka gani a bangon ɗakinta.

Kakanku Hasan Kwara ne, kamar yadda muke kiran mutanen Labanan. Ya zo Minna yana saurayi, ya buɗe kantin yadi a Sabon Gari, ya auri Inna, 'yar wani maƙerin reluwe da ya zo daga Zariya. Baba mutum ne mai hayaniya da saurin kuka da saurin dariya. Yakan ɗaga yaro sama ya sumbace shi a tsakiyar kasuwa, mutane suna kallo suna kama baki. Hausarsa kuwa har ya mutu ba ta miƙe ba, mace da namiji duk "kai" yake ce musu. A kantin, saman inda yake rataye almakashi, akwai hoto cikin gilashi: ginshiƙai shida na dutse, dogaye, a tsaye su kaɗai ba rufi, ga wani mutum a gindinsu ɗan mitsitsi kamar tururuwa. Duk wanda ya tambaya sai Baba ya buga ƙirji ya ce garinsu ke nan, Ba'albak, gidansu yana bayan waɗannan. Mu kuwa muka ɗauka zauren gidansu ne. Na sha yin alfahari da shi a makaranta, na kuma sha duka a kansa.

Yayata Salma ita ce 'yar fari, kuma sunan mahaifiyar Baba aka sa mata. Ku 'yan yanzu ba ku san nauyin wannan ba, don haka bari in warware muku. A zamanin su Inna, mace mai tarbiyya ba ta faɗin sunan ɗanta na fari, ba ta ɗaukarsa a gaban mutane, ba ta nuna ta damu da shi. Haka kuma ba ta faɗin sunan surukarta. To ga kunya biyu sun haɗu a kan suna ɗaya. Idan Inna za ta ba Salma abinci, ni take miƙa wa kwanon ta ce in kai wa waccan. Ni da nake ɗauka na san wane kwano ne tsokar nama take ciki, kuma ba nawa ba ne. Baba bai taɓa ɗaukar kwanon ba, saboda haka bai sani ba. A garinsu kuwa abin a juye yake, babbar girmamawa ita ce a kira uwa da sunan ɗanta na fari. Wata rana ya kira Inna "Ummu Salma" a gaban baƙi, ta rufe fuska da mayafi ta shige madafa, ba ta fito ba sai da suka tafi. Ita tana ganin ya tozarta ta, shi yana ganin ta ƙi 'yarta.

Abin da ya karya komai ƙarami ne. Salma tana wajen shekara bakwai ta faɗo daga kan dakali ta fasa goshi a bakin turmi. Tsakar gida cike da mata, har da gwaggon Inna. Wata maƙwabciya ta sure yarinyar tana danne jinin, Inna kuwa tana zaune tana tankaɗe, ba ta tashi ba. Na tuna garin yana zuba a ƙasa maimakon cikin ƙwarya. Daidai nan Baba ya shigo.

"Kai wane irin uwa ne?" ya ce da ƙarfi. "Yarinya yana jini, kai kana tankaɗe gari!"

Inna ba ta ɗago kai ba. Cikin 'yan kwanaki Baba ya yanke shawarar kai Salma wurin mahaifiyarsa, inda a cewarsa za a so ta. Kuma don a ce ya bi al'ada, sai ya tara manya, mahaifin Inna da gwaggonninta, ya tambaye ta a gabansu.

"Idan kana so ya zauna, faɗa. Ka ce, a bar mini Salma. Shi ke nan, magana ya ƙare."

Ku duba wannan abu. A gaban ubanta ake so ta buɗe baki ta faɗi sunan, ta kuma nemi a bar mata 'yar fari. Da ya ja ta ɗaki su biyu, wataƙila da ba na ba ku wannan labari. Inna ta daɗe tana murza bakin tabarma, sannan ta ce:

"Yadda ka gani."

Manya suka yaba mata, suka ce ta haifu. Ai ba da 'yar fari riƙo wurin kaka ba baƙon abu ba ne, kowa haka aka yi masa. Abin da ba wanda ya tsaya ya auna shi ne, gidan wannan kakar ba Zariya yake ba balle a je da sallah. Ranar tafiya duk gida aka raka su tashar jirgin ƙasa, ban da Inna. Da muka dawo muka same ta tana daka, ta yi ta yi har la'asar. Da na leƙa turmin, babu komai a ciki.

Baba ya dawo shi kaɗai, ya ce idan ta yi ɗan karatu zai koma ya ɗauko ta. Kafin lokacin ya yi, yaƙi ya ɓarke a ƙasarsu, hanya ta toshe, shi kuma ciwo ya kama shi, muka binne shi a nan Minna. Daga nan labari ya yanke. Da na karɓi kantin, abu ɗaya Inna ta nema a cikinsa, hoton nan. Ta rataye shi daidai inda idonta zai sauka in ta farka, kuma kowace safiya sai ta goge gilashin da bakin zanenta. Salma kuwa ta koma "ta Gabas" a bakinta. In hadari ya haɗo sai ka ji ta ce, ko ta Gabas su ma ana ruwa. Iyakarta ke nan. Haka na girma, na auri mahaifiyarku Rabi, muka koma unguwar Barkin Sale da Inna da hotonta. Da wayar hannu ta zo, wani Kwara da nake saro kaya wurinsa a Kano ya nemo mini lambar Salma. Mukan gaisa sama-sama da guntun Larabcina na kanti. Ba ta taɓa cewa in ba Inna wayar ba, Inna ma ba ta taɓa miƙo hannu ba. Kafiya iri ɗaya ce, daga nono aka sha ta.

A shekarar da nake ba ku labari ƙafafun Inna suka kumbura, numfashi ya fara yi mata wuya. Likita ya ja ni gefe ya ce zuciyar ta gaji, mu kai ta gida mu kyautata mata. Wata safiya na shiga gaishe ta, na same ta tana kallon hoton. Ba ta dube ni ba ta ce:

"Kasimu, wurin nan, mota tana zuwa?"

"Sai an hau jirgin sama, Inna, sannan mota."

Can sai ta ce:

"Goshin nan nake so in gani, ko ya warke."

Tun da nake da ita ban taɓa jin ta matso kusa da zancen haka ba. Ban tsaya shawara da kowa ba, na bar wa Rabi gida da jinya na kama hanya.

Daga Bairut mota ta yi ta hawan duwatsu da mu, sannan ta gangara wani kwari mai faɗi, ga sanyi mai shiga ƙashi. Tun daga nesa na hango su ta tagar mota, ginshiƙan nan shida, sak yadda suke a bangon Inna. Kuna iya yi mini dariya, amma ga ni da furfura a gemu, wani ɓangare na zuciyata yana jiran in ga zaure da mutane suna shiga da fita. Direban ne ya fara ba ni labari. Ya ce kangon ɗakunan gumaka ne da Rumawa suka gina tun kafin zuwan Musulunci da ɗaruruwan shekaru, ba mai kwana a ciki sai tsuntsaye, kuma sai ka sayi tikiti kafin ka shiga. Baba dai bai yi ƙarya ba, gidansu yana bayan ginshiƙan. Ɗaki biyu ne a wani lungu da ko keke ba ya juyawa a ciki.

A bakin ƙofar kangon na same ta, zaune bayan wani ɗan tebur tana sayar wa 'yan yawon buɗe ido gahawa da hotunan wurin. Ba sai an nuna mini ita ba. Fuskar Inna ce zaune cikin baƙin mayafi, ga tabon nan a goshi. Mijinta ya rasu, 'ya'yanta suna aiki a Bairut, kuma mutanen unguwar har gobe "baƙar nan" suke ce mata in suna kwatance. To ku gaya wa masu cewa ta ƙi mu don launi, ita ce ta sha baƙin cikin launin, ba mu da ke zaune cikin 'yan'uwa ba. Na durƙusa na gaishe ta yadda ake gaida babba.

"Yaya," na ce.

Ta dube ni sama da ƙasa, ta ce da wata Hausa ta ƙaramar yarinya, wadda ta tsaya cak tun ranar da ta bar Minna:

"Ba Yaya ba. Ina da suna."

Washegari da hantsi ta rufe teburinta ta ce in zo ta nuna mini inda ta girma. Masu gadi sun san ta, ba su karɓi komai a hannunmu ba. Na san mutane suna tsallako duniya don ganin wannan wuri, kuma ba zan ce ba abin mamaki ba ne. Akwai dutse guda da ya fi kantina girma, an sassaƙe shi an ɗora a kan wani, ba ka san da wane hannu ba. Ginshiƙan da suka faɗi suna kwance guntu-guntu, na tsaya a gefen ɗaya ban iya hango bayansa ba. Ga kan zaki na dutse ya wangame baki a ƙasa. Ga wata ƙofa mai tsawon gaske an zana mata inabi da zangarniyar alkama, dutsen tsakiyarta na sama ya zamo ya maƙale, kai ka ce yanzu zai faɗo wa mai wucewa. Amma ni ban ji daɗin wurin ba. Iska tana kuka a tsakanin duwatsun, ba ƙamshin girki, ba kukan yaro, masu ginin da abin da suka bauta wa duk an shafe su. Sai na tuna shekarun da Inna ta yi tana goge wannan wuri da zanenta, tana lallashin kanta cewa 'yarta tana cikin gidan sarauta, na ji na tsani kowane dutse a ciki.

Muna tafe tana ba ni labari, rabi Larabci rabi Hausa, inda duka suka gaza mu ƙarasa da hannu. Kakar da aka kai ta wurinta ba ta daɗe ba ta rasu. Daga nan aka yi ta miƙa ta daga gidan wannan baffa zuwa na wancan, ga yaƙi, ga yunwa, ga yaran unguwa suna tambayarta ko launin yana fita da sabulu. In abin ya ishe ta sai ta tsallako katanga ta ɓuya a nan. Ta nuna mini wani bango da baƙi na can baya suka cika da sunayensu, kowa ya kankare nasa da na masoyinsa. Sannan ta ja ni bayan wani ginshiƙi da ya faɗi, ta tsuguna ta share ƙasa da hannu. Can ƙasa, daidai tsawon yarinya in ta durƙusa, an karce dutsen da ƙusa da haruffan Larabci karkatattu: Hauwa. Sunan Inna ke nan.

"Kullum ina zuwa in faɗe shi," ta ce. "Don kada ya ɓace mini. Ni na faɗi nata."

Muka zauna a kan dutsen. Na gaya mata abin da ya kawo ni, na ce Inna ba ta da sauran kwana mai yawa, tana son ganinta. Ta ce Baba ya gaya mata tun a cikin jirgi cewa ya tambayi uwarta a gaban mutane, uwar ba ta ce a bar ta ba. Nan na zage na yi mata bayanin kunya tun daga tushe. Na ba ta labarin garin da ya zube a ƙasa, da turmin da ba komai a ciki, da hoton, da tsokar naman da ke cikin kwanonta kullum. Ta saurara har na gama.

"Kai ka ga nama," ta ce. "Ni bayanta na gani."

Sannan ta juyo ta kama hannuna da ƙarfi.

"Tun da na tafi, ta taɓa faɗin sunana? Ko sau ɗaya? Ka rantse."

Wannan ita ce gaɓar da dangin Inna suke zagina a kanta har yau. Suna cewa da na ce e, da ta haɗa kaya ta biyo ni, da tsohuwa ta ga 'yarta kafin ta cika. Gaskiyarsu ne, amsar tana kan harshena, kuma na san abin da za ta samo mini. Amma na dubi matar nan da tun tana 'yar shekara bakwai kowa yake gaya mata abin da ya ga dama game da uwarta, ga shi ta ce in rantse. Na kuma hango ta ta tsallako teku ta tsaya a ƙofar ɗakin Inna, Inna ta ɗago ta ce mata "ke". Na ce:

"A'a. Ban taɓa ji ba."

Ta gyaɗa kai, ta saki hannuna. Ta daɗe tana kallon ginshiƙan.

"To kira ta. Ta faɗa in ji da kunnena. In ta faɗa, gobe na bi ka."

Na kira Rabi, na ce ta kai wa Inna wayar, ta kuma fitar da kowa daga ɗakin. Ashe ranar gidan cike yake da 'yan dubiya, ƙannen Inna da maƙwabta. Da suka ji ta Gabas ce a waya, wa zai fita? Murna ta ɗebe su, har na tsakar gida suka turo kai, wata ta fisge wayar ta buɗe muryar don kowa ya ji. Ba mugunta suka yi ba, amma sun sake tara mata taron da Baba ya tara mata. Na yi wa Inna magana a fili, na ce suna kawai ake nema, Inna, kalma ɗaya, gobe mu taho tare. Sannan na miƙa wa Salma, na matso da kunnena. Ta yi sallama. Sai muka ji numfashin Inna mai nauyi.

"Ke ce?"

"Ni wa?" in ji Salma.

"Kin... kin ci abinci?"

"Ni wa, Inna?"

"An ce akwai sanyi can. Ki riƙa rufe kanki."

"Ni wa?"

Ina jin matan a bayanta. Wata tana cewa, faɗa mana Yaya, mene ne a ciki. Wata tana dariya tana cewa, oh, wannan baiwar Allah da kunya har tsufa. Da ina kusa da na kore su da tsintsiya, Allah ya sani. Na ji Inna ta ja numfashi, na ji ta buɗe baki, na rantse muku na ji farkon harafin yana neman fitowa. Sai ta ce:

"Allah ya yi miki albarka. Ba ni ƙaninki."

Salma ta goge wayar da bakin mayafinta, ta miƙo mini da hannu biyu, ta tashi ta bi ta tsakanin duwatsun har na daina ganinta. Sauran kwanakin da na yi a can ba irin roƙon da ban yi ba. Ta ciyar da ni, ta wanke mini kaya, ta ba ni rigar sanyin mijinta, ta ɗaure wa Inna man zaitun ta ce a riƙa shafa mata a ƙafa. Amma zancen tafiya ta rufe shi. A tashar mota ta ce mini:

"In na je ta ce mini 'ke', zan tsane ta. Yanzu ban tsane ta ba. Ka bar ni haka."

Na dawo Minna ni kaɗai, kamar yadda Baba ya dawo. Inna ta dubi bayana, ta ga ba kowa, ba ta tambayi dalili ba. Sai da ɗaki ya watse ta ce, goshin fa? Na ce ya warke, tabo ne kawai. Ta ce da wa ta yi kama? Na ce ke, Inna, har tafiya. Ta ɗaga yatsa da ƙyar ta nuna hoton, ta tambaye ni ta wane gefe ɗakinta yake a ciki. Na sassauta murya na ce a bayansu take, a wani ɗan gida, nan ciki ba kowa, kango ne.

"Duk shekarun nan?" ta ce.

Ta juya fuska bango. Daga ranar ba ta ƙara cewa a miƙo mata hoton ta goge ba, ƙura ta fara kwanciya a gilashin. Man zaitun ɗin kuwa ba ta yarda kowa ya taɓa kwalbar ba sai Rabi, kuma in an gama shafawa ƙarƙashin matashinta take ajiye ta.

Ba ta kai ƙarshen damina ba. Wata Juma'a bayan la'asar, ni da Rabi kaɗai muna wurinta, ta ce a tura ƙofa. Ta ce in sauko mata da hoton. Na ɗora mata a ƙirji, ta sa yatsa a gefen ginshiƙan, wajen da na ce gidan yake. Sai na ji wata murya da ban san Inna da ita ba, irin ta uwa mai kiran yaro daga waje ya zo ya ci abinci.

"Salma."

Ni da Rabi muka dubi juna. Ta sake kira, ta ƙara, kamar wadda aka buɗe wa baki bayan doguwar ƙishirwa. Na zabura na laluba aljihu, wayar ta suɓuce ta faɗi, na ɗauka na danna lambar. Layi ya ƙi shiga. Na sake dannawa, ya shiga, yana ta ƙara ba a ɗauka ba. Kafin a ɗauka Inna ta koma kalmar shahada, Rabi tana maimaita mata. Lokacin da muryar Salma ta fito, abin da ya rage a ɗakin salatin Rabi ne da kukanta.

"Ta faɗa, Salma," na ce. "Wallahi ta faɗa. Ni da Rabi mun ji, ba sau ɗaya ba."

Ina jin iskar nan ta cikin duwatsu tana busawa a wayar, na san tana bakin teburinta.

"Na yarda," ta ce. "Kai ba ka ƙarya, na gani. Amma kai ka ji, Kasimu. Ni ban ji ba."

To kun ji yadda aka yi. Kada ku zargi kakarku, abin da aka koya mata shi ne mutunci, ta riƙe shi har ya cinye ta. Kada kuma ku zargi gwaggonku, kalma ɗaya ta nema a duniya ba ta samu ba. Ni dai har yau ina jin haushi, kuma ba ni da wanda zan sauke wa, don duk masu laifin da ƙauna suka yi. In kun ga ina ƙwala wa Nafisa kira da sunanta a tsakiyar kasuwa, alhali ita ce 'yar farina kuma ga ta da 'ya'ya, tsofaffi suna cewa Ɗan Kwara ba shi da kunya, yanzu kun san dalili. Hoton yana ɗakina, ban goge shi ba, ban kuma iya jefar da shi ba.

Tana nan da ranta. Ta tsufa, gwiwa ta hana ta shiga kangon, amma tana zama a bakin ƙofarsa, mukan gaisa da sallah. Lambarta tana wayata, Rabi ma tana da ita. Ranar da na mutu, kafin ku sanar da kowa a dangi, ku kira ta. Na san ni na koya muku ba a kiran babba gatsau, kuma bakinku zai yi nauyi. Ku daure. Kada ku ce mata Gwaggo. Ku ce Salma.